Nnedi Okorafor Ba Ta Sace Mana Komai Ba: Mu Muka Yasar da Gadon Umaru Dembo

Ƙorafi iri biyu kan taso duk lokacin da aka ambaci ƙagaggen labarin kimiyya a tsakanin masu nazarin Hausa. Na farko tsoho ne: masu shi suna cewa wannan reshe na adabi kayan Turawa ne, harshenmu ba shi da kafaɗar ɗaukarsa, al'adarmu kuma ba ta bukatarsa. Na biyu sabo ne: masu shi suna jin zafin cewa wata marubuciya 'yar ƙabilar Ibo, haifaffiyar Amurka, ta ɗebi kalmominmu da garuruwanmu da makiyayanmu ta zuba a littattafan Ingilishi, har ta ci kyaututtuka da su. Duka biyun na zo in musanta. Masu ƙorafin farko ba su san tarihin adabinsu ba. Masu na biyu kuwa sun bar jaki suna dukan taiki. Gona Nnedi Okorafor ta tarar, wadda aka share aka yi wa shuka a 1969, sa'an nan masu ita suka watse suka bar ta ga ciyawa. Masu gonar nan kuwa mu ne.

Wace ce Nnedi Okorafor?

An haife ta ranar 8 ga Afrilu, 1974, a jihar Ohayo ta Amurka. Iyayenta Ibo ne da karatu ya kai su can. Ta tashi a kusa da birnin Shikago, ana kawo ta Nijeriya hutu tun tana ƙarama. A ƙuruciyarta 'yar wasa ce, gwana a tanis da guje-guje. Tana da shekara 19 aka yi mata tiyata domin gyara ƙashin bayanta da ya karkace, sai ta farka ƙafafunta sun shanye. A gadon jinyar nan ta fara rubuta gajerun labarai, kafin ta sake koyon tafiya. Ita da kanta ta ba da wannan labari a littafinta Broken Places & Outer Spaces na 2019. Ta yi digirin digirgir a fannin Ingilishi a Jami'ar Ilinoyi da ke Shikago, ta kuma koyar a jami'o'in Amurka.

Littafinta na farko, Zahrah the Windseeker, ya fito a 2005, ya ci kyautar adabi ta Wole Soyinka a 2008. Who Fears Death na 2010, wanda ta kafa a Sudan ta wani zamani mai zuwa, ya ci kyautar World Fantasy a 2011. A Lagoon na 2014 ta sauke baƙin halittu daga wata duniya a tekun Legas. Binti na 2015, labarin wata yarinya 'yar ƙabilar Himba da ta bar gida ta shiga kumbo zuwa jami'a a wata duniya, ya haɗa Hugo da Nebula a 2016, waɗanda su ne manyan kyaututtukan wannan fage. Ta kuma rubuta wa kamfanin Marvel labaran zane na Black Panther da Shuri. A 2019 ta fitar da wata gajeriyar maƙala inda ta raɗa wa irin rubutunta suna, domin ta bambanta shi da hangen gobe na baƙar fatar Amurka. Abin da take nufi shi ne labarin kimiyya wanda saiwarsa ke cikin Afirka, tarihinsa da al'adarsa da mahangarsa duk daga nan, ba tare da an mai da Yamma tsakiyar duniya ba.

Inda alƙalaminta ya taɓa mu

Ayyukanta huɗu sun shafe mu kai tsaye, kuma bai kamata ɗalibin Hausa ya jahilce su ba.

The Shadow Speaker na 2007 ya faru ne a Nijar ta shekarar 2070. Cikin manyan taurarinsa akwai wata jaruma mai takobi da ake kira Sarauniya Jaa, wadda littafin ke yi wa laƙabi da jar sarauniyar Nijar. Mai jin Hausa ba ya bukatar a fassara masa sunan.

A Binti: Home na 2017 akwai wasu mutanen hamada da ake kira Enyi Zinariya, waɗanda suka gaji wata fasaha daga baƙin halittu masu launin gwal da suka taɓa sauka a ƙasarsu. Kalmar farko ta Ibo ce, ta biyu tamu ce tsantsa.

Noor na 2021 labarin wata mata ce da aka maye wa wasu gaɓoɓi da na ƙarfe, ta gudu daga Abuja ta nufi arewa, ta haɗu da wani Bafillatani makiyayi da ake farauta bisa zargin ta'addanci. A gabansu akwai wata guguwar yashi da ba ta kwantawa, wadda wani ƙaton kamfani ke tatsar lantarki daga iskarta.

Na huɗu, Remote Control, shi ma na 2021, shi ne ya iso ƙofar gidanmu mu na arewacin Gana. Tauraruwarsa yarinya ce mai suna Fatima, 'yar gidan Musulmi masu gonar kaɗanya a Wulugu. Wulugu ba ƙagaggen gari ba ne. Yana ƙasar Mamprusi, arewa da Walewale, kuma duk wanda ya taso daga Salaga zai tafi Bawku ta Tamale da Bolga sai ya ratsa shi. A labarin, wani iri mai haske ya faɗo daga sama gindin kaɗanyar gidansu Fatima. Aka sayar da irin ga wani ɗan siyasa, ita kuma jikinta ya koma yana fitar da wani koren haske mai kisa, duk na'urar da ta taɓa sai ta mutu. Rana ɗaya hasken ya kuɓuce mata ya hallaka iyayenta da mutanen garin. Ta manta sunanta, ta kama tafiya a ƙasa gari-gari, wani kamfanin magunguna na ƙasar waje yana bibiyar lamarinta.

To, ga Nijar, ga makiyayi, ga zinariya, ga kaɗanya, ga Wulugu. Duk wanda ya ce ƙasarmu ba ta da abin da za a gina labarin kimiyya a kai, littattafan nan huɗu sun ƙaryata shi.

Abin da ta gani da abin da ya rage

Kare ta daga zargin sata ba ya nufin a rufe ido a kan iyakar aikinta. Marubuciya ce ƙwararriya, amma da Ingilishi take rubutu, kuma kasuwarta ta farko Amurka ce. Wannan yana barin sawu. Ku duba abin da ya sami Fatima bayan ta manta sunanta: sunan da ta ɗauka shi ne Sankofa. Kalmar Akan ce, ta mutanen kudu, kuma alama ce da baƙar fatar Amurka suka sani suke ƙauna. Labarin ya ba da dalilinsa, ba kuskure ba ne. Sai dai zaɓin yana nuna mana wanda ake kallo lokacin da ake rubutun. Yarinyar arewa ta rasa sunanta na yanka, aka ba ta sunan da mai karatu na Shikago zai gane nan take. Haka kuma mutanen labarin suna kiran ta 'yar riƙon Mala'ikan Mutuwa. Marubucin da ya tashi a makarantar allo a Yendi ya san nauyin wannan furuci a kunnen limami, ya san gardamar da za ta ɓarke a ƙofar masallaci a kansa, ya san abin da tsofaffin mata za su ce a gidan makoki. Wannan gardama kaɗai ta isa babi uku.

Haka kalmominmu suke a littattafanta: sarauniya nan, zinariya can, kamar duwatsun ado a jikin rigar wani. Suna ƙyalli, amma ba su ne zaren da aka saƙa rigar da shi ba. Ba laifinta ba ne. Ba ta taɓa da'awar ita Bahaushiya ce ko Badagomba ba, kuma babu dokar adabi da ta hana marubuci tsallaka iyakar ƙabilarsa. Da akwai irin wannan doka, da Abubakar Imam bai taɓa labaran Larabawa da na Indiya da na Jamus ba a Magana Jari Ce. Abin da nake cewa shi ne mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Akwai abin da ba wanda zai rubuta sai ɗan gida, da harshen gida. Idan ɗan gida ya naɗe hannu, fushinsa da baƙo ba ya toshe yoyon.

Gonar da aka share a 1969

A 1969, shekarar da kumbon Apollo 11 ya sauke mutum a kan wata, kamfanin NNPC na Zariya ya buga Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo. Labarin wani yaro ne mai suna Kilba, da wani baƙo daga sararin samaniya mai suna Kolin Koliyo, da tafiyar da suka yi tare zuwa inda ƙafar mutum ba ta kaiwa. Ku lura da shekarar: saura shekara biyar a haifi Okorafor. A wannan zamani kuma Alhaji Mamman Shata ya yi wa kumbon Apollo waƙa. Ke nan a ƙarshen shekarun 1960 Hausa tana da littafi tana da waƙa a kan tafiya sararin samaniya, ɗaya daga alƙalamin ɗan boko, ɗaya daga bakin makaɗin kalangu.

Domin a gane girman abin da Dembo ya yi, sai a waiwayi littattafan da suka fito daga gasar 1933 da Rupert East ya shirya a Zariya. Ruwan Bagaja da Ganɗoki cike suke da tafiye-tafiye da abubuwan al'ajabi, amma al'ajabin nasu daga aljannu da asiri yake fitowa. Dembo ya sauya tushen mamakin: ya ɗauke shi daga hannun aljani ya miƙa wa na'ura da halittar wata duniya. Ko sunan littafin ma dabara ce. Bahaushe ya daɗe yana yi wa tauraruwa mai wutsiya kirari da cewa ganinta ba alheri ba. Dembo ya ɗauki abin da ake tsoro ya mai da shi ƙofar tambaya.

Me muka yi da wannan gado? Daga tsakiyar shekarun 1980 adabin kasuwar Kano ya bunƙasa, aka sami littattafan soyayya bila adadin, aka sami littattafan yaƙi irin na Abdul'aziz Sani Madakin Gini masu cike da matsafa da takubba da biranen aljannu. Wannan hujja ce cewa mai karatun Hausa yana son a fitar da shi daga duniyar da ya saba. Amma reshen da Dembo ya dasa bai yi ganye ba. Fiye da shekara hamsin bayan fitowarsa, idan aka ce ɗalibi ya kawo misalin labarin kimiyya na Hausa, sunan nan ɗaya yake kawowa. A azuzuwanmu kuma mun mai da littafin abin haddar jarrabawa: jigo, zubi da tsari, salo, taurari, shi ke nan a rufe. Da wuya a ji malami ya ce wa ɗalibansa su ɗora daga inda Dembo ya tsaya. Mun yi wa littafin abin da ake yi wa tsohuwar tukunya a gidan tarihi, a kalla ta bayan gilashi, ba a dafa komai a ciki.

Hujjojin masu ƙi

Hujja ta farko ita ce wai labarin kimiyya tatsuniya ce da aka sa wa wando da kwat. Wannan rashin fahimta ne na yadda nau'o'in biyu ke aiki. A tatsuniya, idan Gizo ya hau sama, ba mai tambayar ta yaya, domin mai sauraro ya amince tun daga buɗewa cewa an fita daga dokar duniya. A labarin kimiyya marubuci yakan sauya abu ɗaya ko biyu a duniyar da muka sani, sa'an nan ya ɗaure kansa da bin sakamakon sauyin bisa hankali har ƙarshe. Okorafor ta ce Fatima ba ta iya taɓa na'ura. Daga nan dole yarinyar ta yi tafiya a ƙasa, dole ta zama baƙuwa a duniyar da kowa ke riƙe da waya, dole garin da mutum-mutumi ke tsaron titinsa ya shiga haɗari da zuwanta. Doka ɗaya ta haifi labarin duka. Wannan horo ne na tunani, irin wanda ake bukata a ɗakin gwaji da kuma kotu.

Hujja ta biyu ita ce wai ba mu da kalmomi. Wanda ya faɗi haka bai saurari harshensa ba. Jirgi a da kwalekwale ne a kan kogi. Da dogo ya zo aka ce jirgin ƙasa, da abin da ke tashi ya zo aka ce jirgin sama, yau muna cewa jirgi maras matuƙi ba tare da wani kwamiti ya zauna ba. Mutum-mutumi a gona yake yana korar tsuntsaye kafin ya koma sunan na'ura mai aiki kamar mutum. Muna da kumbo, muna da tauraron ɗan'adam, muna da na'ura mai ƙwaƙwalwa. Sararin samaniya ma ba baƙon wuri ba ne ga kakanninmu: sun san Zara, sun san Gamzaki, sun san Kaza da 'ya'yanta, da taurari manomi ke lissafin damina, ayari kuma ke gane hanya. Nahawun ma a shirye yake. Hausa tana da lokaci na gaba iri biyu: «za mu isa», mai nuna niyya tabbatacciya, da «mâ isa», mai barin ƙofar shakka a buɗe. Tana kuma da ginin «da ... da», kamar a ce «da an yi ruwa, da mun yi shuka», wanda aikinsa shi ne ƙaddara abin da bai faru ba a bi sakamakonsa. Labarin kimiyya gaba ɗayansa wannan jimla ce aka faɗaɗa ta zama littafi. Kalma kuwa ba ta zuwa kafin bukata. Marubuci ne ke ƙirƙirar bukatar, jama'a su karɓa ko su ƙi.

Hujja ta uku ta fi nauyi, kuma ta cancanci amsa cikin ladabi: wai rubuta abin da zai faru a 2070 shiga ilmin gaibu ne. Mai labarin kimiyya ba boka ba ne, ba ya cewa ga abin da zai faru. Cewa yake yi: a ƙaddara abu kaza ya faru, yaya mutane za su yi? Wannan hanya sananniya ce a zaurukan malamanmu. Littattafan fikihu cike suke da mas'alolin da aka ƙaddara tun kafin su auku, domin idan sun auku a tarar da hukunci a shirye. Al'ummar da malamanta suka saba da irin wannan tunani ba ta da dalilin jin tsoron marubucin da ya tambayi yadda za a raba gado ranar da dukiyar mamaci duk tana cikin waya, ko yadda za a tsai da alƙibla a cikin kumbo.

Akwai kuma masu fakewa da karin maganar nan, wai da muguwar rawa gara ƙin tashi. A fagen adabi wannan shawara ce ta mutuwa. Ba wani reshe na rubutu da ya fara da gwaninta. Littattafan soyayya na farko da aka buga a Kano cike suke da kurakuran rubutu da na ɗab'i, masana suka yi ta kushe su, amma daga cikinsu aka sami marubutan da yau ake rubuta kundayen digiri a kansu.

Salaga, Yendi da Bawku

Ɗalibin da ke zaune a ɗaya daga garuruwan nan uku ya fi kowa rashin uzuri, domin yana da magabaci kuma yana da kayan aiki.

Magabacin shi ne Alhaji Umaru, wanda aka haifa a Kano wajen 1858, ya zauna a Salaga, ya koma Kete-Krachi bayan yaƙin basasar Salaga na 1892, ya rasu a 1934. Bai rubuta labarin kimiyya ba, amma ya yi rabin aikin da irin wannan marubuci ke yi. Da Turawa suka iso da makamai da tsarin mulkin da ba a taɓa gani ba, ya yi waƙa a kan zuwansu da Larabci da Hausa, yana lissafa ƙasashen da suka faɗi. Da annobar mura ta 1918 ta afka wa jama'a, ya yi mata waƙa yana siffanta yadda take kama mutum. Ya kuma rubuta wa Bajamushen nan Adam Mischlich bayanai da ajami a kan tarihi da sana'o'i da al'adun Hausawa. Malami ne da bai kau da kai daga sabon abu ba, komai ban tsoronsa. Haɗuwa da baƙo mai ƙarfin da ya fi naka, wanda bai san harshenka ba kuma bai damu da dokarka ba, shi ne jigon da marubutan kimiyya na duniya suka fi juyawa. Su suna ƙaga shi ne. Kakannin mutanen Salaga da Yendi da idonsu suka gan shi.

Kayan aikin kuwa ga su a fili. Tun 2019 kamfanin Zipline ke aika jini da magunguna da allurar rigakafi zuwa asibitocin Gana da jirage marasa matuƙi, kuma ɗaya daga tashoshinsa tana Vobsi, kusa da Walewale, a ƙasa ɗaya da Wulugun da Okorafor ta rubuta. A 2017 aka harba GhanaSat-1, tauraron ɗan'adam na farko na ƙasar, wanda ɗaliban wata jami'a a Koforidua suka ƙera. Duk shekarar da aka buɗe madatsar ruwa ta Bagre a Burkina Faso, manoman bakin kogi a yankin Bawku da ƙasar Mamprusi ne ke kwana da fargaba, wato shawarar injiniya a wata ƙasa ita ke yanke hukuncin gonar mutum a tasa ƙasar. Kaɗanyar da mata ke tsinta da asuba tana ƙarewa a cikin cakulan da man shafawa a Turai. Kuɗi sun koma lambobi a waya har a hannun mai sayar da koko.

Kowane ɗaya daga cikin waɗannan labari ne da ke jiran mai shi. A ƙaddara wani kamfani ya yi wa irin kaɗanya rajistar mallaka, ya ce duk mai tsinta sai ta biya: me matan ƙauye za su yi, kuma wane ɓangare sarki zai bi? A ƙaddara an farfaɗo da tsohuwar hanyar fataucin goro daga Kano zuwa Gwanja ta Yendi, amma ayarin na motoci ne marasa direba, madugun kuma na'ura: wa zai sasanta rigima a zango, wa zai karɓi fito? Ga wanda ya fi shafar mu masu nazarin harshe: a kasuwar Bawku, Hausa ce ke haɗa Bakusase da Bamoshe da Babisa da ɗan Mamprusi wajen ciniki. A ƙaddara kowa ya sami 'yar na'ura a kunne mai fassara masa maganar kowa nan take. Me zai sami Hausa ranar da ba a bukatarta domin ciniki? Me zai sami dillali? Shin mutanen da suka daina koyon harshe ɗaya tare za su ƙara fahimtar juna, ko nisa za su ƙara? Wannan tambaya ba ta da nisa kamar yadda ake zato, kuma ba wanda zai yi mana ita daga Shikago.

Akwai wata fa'ida kuma. Yendi ta ɗauki shekaru tun daga 2002 cikin rikicin sarauta kafin a naɗa Ya-Na a Janairun 2019, Bawku kuwa ta san ɗacin dokar hana fita. Akwai maganganun da marubuci ba zai iya yi da sunayen yau ba tare da an ce ya ɗauki ɓangare ba. Idan ya kai labarinsa shekara ɗari gaba, ya sauya sunayen gidaje, ya bar halin mutum yadda yake, sai kowane ɓangare ya iya karantawa ya ga kansa ba tare da ya ji an nuna shi da yatsa ba.

Kada kuma wani ya ce Hausar zango ba ta isa a yi adabi da ita ba. Gaskiya ne ta sassauta bambancin jinsin namiji da tamata, ta kuma ari kalmomi daga Twi da Dagbani da Ingilishi. Wannan shi ne abin da ke samun kowane harshe da ya yi doguwar tafiya ya zauna cikin baƙi. Marubucin da ke son ƙaga yadda jikokinmu za su yi magana a 2070 ba shi da madubin da ya fi zangon Salaga. Abin da ake yi muku gori a kansa jari ne a wannan fage.

Abin da ake bin mu

Bashin a kan ɓangarori uku yake. Mu malamai, wajibinmu ne mu fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya daga bayan gilashi, mu karantar da shi kafaɗa da kafaɗa da Remote Control, mu sa ɗalibai su gwada yadda kowanne ya gina duniyarsa, inda ya yi ƙarfi da inda ya yi rauni, mu kuma karɓi ƙagaggen labari a matsayin aikin aji mai maki. Masu fassara, su nemi izini ta hanyar da ta dace su juya littattafan Okorafor da suka shafi ƙasashenmu zuwa Hausa, domin mutanen da aka rubuta labarin a kansu su karanta su yanke nasu hukunci. Kayan aro ba ya rufe katara, amma tela yakan koyi ɗinki daga rigar da ya warware.

Ku kuma ɗalibai, naku ya fi sauƙin faɗa, ya fi wuyar yi: ku rubuta. Uzurin rashin maɗaba'a ya ƙare. Marubutan Kano na shekarun 1980 da kuɗin aljihunsu suka buga littattafansu, ku kuwa kuna da waya, kuna da WhatsApp da YouTube inda dubban mutane ke karanta labaran Hausa suna sauraronsu, ga gasanni irin Hikayata ta BBC Hausa da aka fara a 2016. Ku fara da shafi biyar. Ku ɗauki garinku, ku sauya abu ɗaya tak, ku bi sakamakonsa da gaskiya ko da ya kai ku inda ba ku so. Ku karanta kimiyyar abin da kuke rubutu a kai, domin mai karatu yana yafe ƙarancin ado amma ba ya yafe raini. Ku bar mutanenku su yi sallama, su yi ciniki, su yi gardama da harshen da kuke ji a ƙofar gida.

Okorafor ta yi nata, ta yi shi da kyau, kuma za ta ci gaba. Wasu ma za su biyo ta, domin ƙasar da ke da hamada mai matsowa da kogi mai ambaliya da matasa masu yawa ba za ta rasa masu rubuta gobenta ba. Abin da bai tabbata ba shi ne ko a cikin goben da za a rubuta ɗin akwai mai jin Hausa, ko kuwa za mu tsaya a matsayin sunan sarauniya da sunan gwal a labarin wasu. Amsar tana hannun wanda ya fara ɗaukar alƙalami.